Ta'aziyya: Yadda makokin jama'a ke aiki a wasan kwaikwayon addini na Iran

Ta'aziyya wasan kwaikwayo ne na addini da mabiya Shi'a a Iran ke gudanarwa, musamman a watan Muharram, domin tuna kisan Imam Husaini, jikan Manzon Allah (SAW), a Karbala a shekarar 680 Miladiyya. Sunan ya fito daga Larabci, tushensa ɗaya da ta'aziyyar da Hausawa ke yi wa waɗanda aka yi wa rasuwa.

Wasan ya tsiro daga jerin gwanon makoki na zamanin daular Safawiyya, ya kuma kai ƙololuwa a ƙarni na 19, lokacin da Sarki Nasiruddin Shah ya gina masa katafaren zauren Takiya Daulat a Tehran. Hukumar UNESCO ta sanya shi cikin al'adun gado na duniya a shekarar 2010.

'Yan kallo sun san ƙarshen labarin tun suna yara, saboda haka ba jiran sakamako ke tara su ba. Abin da ke tara su shi ne yin kuka tare, wanda suke ɗauka ibada ce mai lada. Shi kansa mai shirya wasan ana yi masa laƙabi da mu'inul buka, wato mai taimaka wa kuka.

An tsara komai domin isar da saƙo kai tsaye zuwa zuciya. Iyalan Husaini na sanye da kore suna rera baitocinsu, maƙiyansu kuwa na sanye da ja suna magana da tsawa. Kwanon ruwa na wakiltar kogin Furat da aka hana su sha. Dandalin na tsakiya, jama'a na kewaye da shi, sai mai kallo ya ji kamar yana Karbala, yana gani amma ba shi da ikon kai ɗauki.

A nan ne baƙin cikin mutum ke haɗuwa da na jama'a. Uwar da ta rasa ɗa tana ganin kanta a mutuwar jariri Ali Asgar, ta zubar da hawayen da take ɓoyewa a gida ba tare da kunya ba. Masanin zamantakewa na Faransa, Emile Durkheim, ya bayyana a shekarar 1912 cewa makokin taro yana ƙara danƙon zumunci tsakanin waɗanda rashi ya girgiza. Wannan na daga cikin dalilan da suka sa takunkumin da Reza Shah ya ƙaƙaba wa wasan a shekarun 1930 bai kashe shi ba. Ƙauyuka ne suka ci gaba da riƙe shi.