Jif mai shan dizal ta hannu: Abin da ya kamata mai saye a Gusau, Tsafe da Bunguɗu ya sani

Tun daga ranar 29 ga Mayun 2023, da Shugaba Bola Tinubu ya sanar da janye tallafin man fetur, lissafin masu motoci ya sauya a Zamfara kamar sauran jihohi. Manyan motocin alfarma da jama'a ke kira jif, irin su Lexus RX350 da Toyota Highlander da Mercedes ML350, sun zama masu cin aljihu. Hakan ya sa wasu matasan 'yan kasuwa da ma'aikata da masu riƙe da ƙananan muƙaman siyasa suka fara waiwayar takwarorinsu masu shan dizal, waɗanda dillalai ke tallatawa da cewa ba su da shan mai, kuma sau da yawa kuɗinsu bai kai na masu fetur ba.

Maganar dillalan tana da ƙamshin gaskiya, domin injin dizal yana yin tafiya mai nisa da lita ɗaya fiye da injin fetur mai girmansa. Sai dai an ƙera waɗannan motoci ne domin man Turai da titunan Turai da garejin Turai. Wanda zai sayi ɗaya a Gusau, abubuwa uku ne za su yanke masa hukunci: man da zai riƙa zubawa, makaniken da zai iya kaiwa gare shi, da hanyar da zai riƙa bi.

Waɗanne motoci ake magana a kai

Mafi yawansu na Jamus ne, masu injin silinda shida da girman lita uku. Akwai Mercedes ML350 BlueTEC, wadda kamfanin ya sauya wa suna zuwa GLE a 2015. Akwai BMW X5 mai alamar 30d ko 35d. Sai kuma 'yan gida ɗaya, Volkswagen Touareg da Audi Q7 da Porsche Cayenne, masu injin TDI. Lexus RX kuwa ba ta da samfurin dizal, don haka ba ta cikin wannan lissafi.

A kasuwa sun kasu biyu. Akwai wadda aka shigo da ita daga waje ba a hau ta a Najeriya ba, wadda ake kira Beljiyam ko 'yar Kwatano ko tokumbo. Akwai kuma wadda ta riga ta yi shekaru a hannun wani a cikin gida. Bambancin yana da girma, domin ta biyun ta daɗe tana shan man da ba a yi ta dominsa ba.

Touareg da Q7 da Cayenne suna da wani tarihi na daban. A Satumbar 2015 hukumar kare muhalli ta Amurka ta bankaɗo cewa kamfanin Volkswagen ya saka wa motocinsa na dizal manhajar da ke yaudarar gwajin hayaƙi, kamfanin kuma ya amsa cewa abin ya shafi motoci kimanin miliyan 11 a duniya. Daga baya binciken ya haɗa da injin lita uku da ke cikin waɗannan jif. An sake wa da yawansu manhaja, an dawo da wasu hannun kamfani. Mai saye yana da haƙƙin sanin ko wadda ke gabansa an yi mata wannan gyara.

Mai shi ne farkon magana

Injin dizal na zamani ba irin na tsohuwar tirela ko janareto ba ne. Famfonsa yana tura mai zuwa nozul da matsi mai tsananin ƙarfi, kuma ramukan nozul ɗin ƙanana ne ƙwarai. Man kansa ne ke sanya wa famfon santsi. Idan aka yi masa algus da kananzir, santsin ya ragu, ƙarfe ya fara cin ƙarfe. Idan ruwa ya shiga, tsatsa ta biyo baya. Famfon Bosch samfurin CP4, wanda ke cikin da yawa daga injinan TDI, ya yi suna wajen rugujewa da gurɓataccen mai, ya watsa garin ƙarfe cikin nozul da bututu da tanki, ta yadda sai an sauya ko an wanke su gaba ɗaya.

Sai batun farar wuta, wato sinadarin sulfa da ke cikin dizal. Tun 2009 Tarayyar Turai ta ƙayyade shi ga kashi 10 cikin miliyan. Najeriya ta shafe shekaru tana amincewa da har kashi 3,000 cikin miliyan. A 2016 ƙungiyar Public Eye ta ƙasar Suwizalan ta fitar da rahoton da ya nuna yadda kamfanonin fataucin mai ke haɗa man da doka ta hana sayarwa a Turai, su turo shi Afirka. A 2020 ministocin ƙungiyar ECOWAS suka amince da kashi 50 cikin miliyan ga man da ake shigowa da shi. Matatar Ɗangote ta fara fitar da dizal a 2024, kuma a Yulin shekarar aka yi cacar baki a bainar jama'a tsakanin Aliko Ɗangote da hukumar NMDPRA mai kula da harkar, hukumar na cewa man matatar ne ya fi yawan sulfa, shi kuma yana cewa wanda ake shigowa da shi ne ya fi.

Abin da wannan ke nufi ga mai mota a Tsafe shi ne, ba shi da hanyar tantance man da ke shiga tankinsa, ya dogara ne kacokan ga aikin hukuma da amanar mai gidan mai. Abin da ke hannunsa shi ne ya tsaya ga babban gidan mai guda da ke yawan ciniki, ya guji man jarka da na 'yan bumburutu komai matsi, ya kuma riƙa sauya matatar mai, wato filta, kafin lokacin da littafin mota ya faɗa.

Ya kamata kuma a tuna cewa gwamnati ta cire hannu daga farashin dizal shekaru da dama kafin fetur. Farashinsa ya ninka a 2022 bayan ɓarkewar yaƙin Rasha da Yukren, kuma galibi litarsa ta fi ta fetur tsada. Ribar ƙarancin sha tana raguwa da wannan bambanci.

Inda suka fi lalacewa

Gangar injin ba ta cika ba da matsala ba. Abin da ke kashe kuɗi shi ne na'urorin tace hayaƙi da aka jera masa.

Ta farko ita ce matatar toka da ke cikin salansa, wadda ake kira DPF. Tana tara baƙin hayaƙi, sannan lokaci zuwa lokaci motar ta ɗaga zafin salansa zuwa kusan digiri 600 ta ƙone shi. Wannan ƙonawa tana bukatar tafiya mai ɗorewa a kan babban titi. Motar da aikinta shi ne zirga-zirga tsakanin Tudun Wada da Sabon Gari da Samaru a cikin Gusau, ana kunnawa ana kashewa, ba za ta samu wannan dama ba, sai matatar ta toshe. Mai mai yawan sulfa yana gaggauta toshewar.

Ta biyu ita ce EGR, wadda ke mayar da wani ɓangare na hayaƙi cikin inji. Tana cika da gawayi har iska ta kasa wucewa. A 2018 kamfanin BMW ya yi kiranyen motocin dizal fiye da miliyan ɗaya saboda na'urar sanyaya wannan hayaƙi tana iya yoyo har ta ta da gobara.

Ta uku ita ce ruwan AdBlue, haɗin yuriya da tataccen ruwa da ake zubawa a tankinsa na daban. Idan ya ƙare, ko na'urar auna hayaƙi ta lalace, motar tana fara ƙirga kilomitocin da suka rage, daga nan ta ƙi tashi. Ruwan yana lalacewa idan aka ajiye shi cikin zafi, kuma zafin bazarar Zamfara ba baƙo ba ne ga kowa. Ba kowane shagon kayan mota ke ajiye shi ba.

Bayan waɗannan, kowace tana da cutar gidansu. Injin Mercedes mai lamba OM642 ya shahara da yoyon baƙin mai daga robobin na'urar sanyaya mai, wadda ke binne a tsakiyar inji: robar ba ta da tsada, amma aikin isa gare ta na yini ne ko fiye. Injin BMW mai lamba N57 sarƙarsa tana bayan inji, ta wajen giya, don haka gyaranta babban aiki ne. Motocin da ke tsaye a kan jakunkunan iska maimakon sifirin kuwa, ramukan titi da ƙura suna tsufar da jakunkunan, sai a wayi gari mota ta durƙusa ta gefe ɗaya.

Makanikai da dama suna ba da shawarar a cire DPF da EGR da AdBlue, a sake wa ƙwaƙwalwar motar manhaja. Wannan laifi ne a Turai da Amurka. Yana rage wasu matsaloli, amma yana sakin hayaƙi mai cutar da huhun waɗanda ke bakin titi, kuma idan wanda bai ƙware ba ya taɓa manhajar, turbo da injin ne za su biya.

Hanya da makanike

Gusau tana kan babbar hanyar da ta taso daga Funtuwa ta ratsa Tsafe da Kwatarkwashi, ta wuce Bunguɗu da Maru da Talata Mafara zuwa Sakkwato. Shekaru ke nan 'yan bindiga na tare matafiya a sassan wannan hanya. A nan ne lalacewar mota ta wuce batun kuɗi.

Waɗannan motoci suna da wata ɗabi'a ta kare kai. Idan ƙwaƙwalwar ta ga matsala a turbo ko matatar toka ko wata ƙaramar na'ura, sai ta rage ƙarfin inji, motar ta riƙa jan ciki komai taka totur. A cikin gari wannan ɓacin rai ne kawai. A dajin da ke tsakanin Tsafe da Funtuwa da yamma, cikin babbar mota mai jan ido, wani abu ne daban. Mazauna jihar ba su manta da Satumbar 2021 ba, lokacin da aka katse layukan waya aka kuma taƙaita sayar da mai saboda matakan tsaro. A irin wannan yanayi, motar da kowane makaniken bakin hanya zai iya tayarwa ta fi wadda sai da kwamfuta.

Gusau tana da ƙwararrun makanikai na Toyota da Honda da Peugeot, da masu gyaran manyan motocin dizal. Ƙwarewa a kan injin Jamus mai sarrafa kansa da lantarki kuwa ta fi yawa a Kano da Kaduna da Abuja. Kayan gyara ma daga Ƙofar Ruwa ko Panteka ko Apo ko Ladipo ta Legas suke zuwa, wasu kuma sai an yi odar su daga waje da dala. Tun da aka saki darajar naira a Yunin 2023, kuɗinsu ya bi dala. Kafin a biya kuɗin mota, ya kamata a san sunan garejin da za a kai ta da kuɗin ɗauko ta zuwa can.

Kafin a biya

Ba a cinikin biri a sama. Mai saye ya fara da takardu. Tun 1 ga Janairun 2017 gwamnatin tarayya ta hana shigo da motoci ta iyakokin ƙasa, don haka motar da aka ce ta biyo ta Kwatano ko Maraɗi tana bukatar bincike sosai. A kai lambar jikin motar mai haruffa da lambobi 17 ofishin kwastam a tabbatar an biya kuɗin fito. Idan daga Amurka ta fito, da wannan lamba ake gano ko ta taɓa yin hatsari ko ambaliya ta taɓa shanye ta, da kuma ainihin kilomitocin da ta yi, domin mayar da agogo baya tsohuwar sana'a ce.

Sannan a je da makanike na kai, ba na dillali ba. A nemi a tayar da motar da safe, inji na sanyi: jinkirin tashi, farin hayaƙi mai daɗewa ko ƙarar sarƙa duk alamu ne. A sa mata kwamfuta a duba yawan tokar da ke cikin matata, da lafiyar kowace nozul, da ko an goge bayanan matsala kwanan nan. A leƙa ƙarƙashi a ga ko an yanke salansa, a kuma nemi ɗigon baƙin mai tsakanin inji da giya. A bar ta ta kwana a ga ko za ta durƙusa. A fitar da ita babban titi, misali zuwa Bunguɗu da dawowa da rana, a taka ta sosai a ga ko wata fitila za ta kama. Dillalin da ya ƙi ɗaya daga cikin waɗannan ya riga ya ba da amsa.

Bayan an saya

Ranar farko a sauya baƙin mai da dukkan filtoci, ba tare da la'akari da abin da mai sayarwa ya ce ba. Baƙin man dole ya zama mai ƙarancin toka wanda kamfani ya amince da shi: 229.51 ko 229.52 ga Mercedes, Longlife-04 ga BMW, 507.00 ga Volkswagen da Audi. Man tirela yana kashe matatar toka. Tazarar juyen mai da aka rubuta domin Turai ta yi tsawo a nan, rage ta da rabi ya fi aminci. A lokacin hunturu a riƙa duba filtar iska kowane wata. A sauya man giya ko da an ce na har abada ne. A kula da batir, domin rauninsa yana rikita ƙwaƙwalwar mota. Aƙalla sau ɗaya a mako biyu a ba ta tafiyar rabin sa'a ba tsayawa.

Wa ta dace da shi

Ta dace da wanda ke yawan doguwar tafiya zuwa Kaduna ko Abuja ko Sakkwato, yana da gidan man da ya amince da shi, yana da mota ta biyu, kuma ya ware kuɗin gyara mai kauri bayan kuɗin saye. Wanda ya tattara duk abin da ya mallaka ya saya don ya ga ta fi ta fetur araha, zai gane cewa arahar tana da dalili: masu sana'ar sun san wahalar sake sayar da ita. Ga ma'aikacin da ke kwana Bunguɗu yana aiki Gusau, ko ɗan kasuwar da ke bin hanyar Tsafe kowane mako, jif mai fetur da kayanta ke cikin gari ta fi zama abin dogaro, ko da za ta fi shan mai.