Kalandar da kakanninmu ke karantawa a sama: daga 'Yandoto zuwa gona

1/ Tambaya: watan Azumi yana zagayawa, wata shekara cikin zafi, bayan wasu shekaru cikin damina. To manomin Tsafe ko Bungudu na shekara 300 baya, da ba shi da rediyo balle waya, da me yake gane lokacin shuka? Ku biyo ni a hankali.

2/ Mu fara da 'Yandoto, tsohon garin nan da ke tsakanin Gusau da Tsafe. Kafin jihadi yana cikin ƙasar Katsina, kuma garin malamai ne da almajirai ke zuwa daga nesa. Tarihin baka ma ya ce daga nan Muhammadu Korau ya fito, wanda ake lissafawa sarkin Katsina Musulmi na farko.

3/ Karatun ƙasar Katsina a lokacin bai tsaya ga fiƙihu da nahawu ba. Akwai hisabi da ilimin taurari. Misali, Muhammad al-Kashnawi, Bakatsine, ya rubuta littafi kan lissafin hatimi a 1732, ya rasu a Alƙahira a 1741. Har yau masana lissafi na duniya suna ambatonsa.

4/ Ga matsalar da hisabi ke warwarewa. Shekarar Hijira kwana 354 ce, ta rana kuwa 365. Bambancin kusan kwana 11 kenan duk shekara. Shi ya sa watan Cika-ciki, Gani, Azumi da Bawan-salloli ke zagaye yanayi gaba ɗaya cikin shekara 33. Wata na ibada ne, amma damina da rana take tafiya.

5/ Sai malamai suka riƙe lissafi na biyu: manzilolin wata 28, waɗanda manoma ke kira taurari kawai. Wata yana kwana a manzili ɗaya kusan kowane dare, ya gama zagaye cikin kwana 27 da ɗoriya. Ita rana sai ta shekara kafin ta ratsa su duka.

6/ Ku ɗauko biro. Kowane tauraro kwana 13. To 28 sau 13 ya ba da 364. Saura kwana ɗaya, sai aka ƙara wa Jabaha ta zama 14. Shekara ta cika 365 cif.

7/ Aka raba su gida huɗu, bakwai-bakwai: bazara, damina, kaka, ɗari. Na damina su ne Haƙa'a, Hana'a, Zira'a, Nasara, Ɗarfa, Jabaha da Harsan. Haƙa'a na kamawa wajen ƙarshen Mayu. Da Sarfa ta shigo, an shiga lissafin kaka.

8/ Amfanin abin: ruwa kan yi ruɗi. Ya sauka sau ɗaya cikin bazara, mai gaggawa ya zuba irinsa, sai fari ya biyo baya, gero ya ƙone, a rasa iri a rasa kuɗi. Dattijon manomi kafin ya ɗauki sungumi sai ya tambayi malam, "Allah gafarta, wane tauraro muke ciki?"

9/ Wanda bai je makaranta ba ma yana da nasa a sama. Surayya ita ce Kaza da 'ya'yanta. Tana ɓacewa daga sararin magariba a ƙarshen bazara, ta sake bayyana a gabas da asuba bayan damina ta kama.

10/ Ga wanda zai ba ku mamaki: tun kafin zuwan Turawa malamanmu sun san Yunayar, Maris, Agusta har Dujambar. Suna ce musu watannin Ajam. Tsohuwar kalandar Rumawa ce, ta biyo ta Magrib tare da littattafai irin Muƙni'i na Al-Margiti, malamin Moroko da ya rasu a 1678.

11/ Turai ta fara gyara tata kalandar a 1582, ta Ajam ta tsaya yadda take. Shi ya sa yau ta bango ke gabanta da kwana 13. In malam ya ce 1 ga Mayu, wayarka na nuna 14.

12/ Wani zai ce ai wannan duba ne. A'a. Malamai sun hana neman sanin gaibu ta taurari, ko cewa tauraro ne ya kawo ruwa. Ƙirga kwanaki don sanin lokacin salla, alƙibla da shuka kuwa halas ne. Tauraro alama ce, Allah ke shayarwa.

13/ 'Yandoto fa? Wajen 1806 rundunar Muhammadu Bello ta ci garin, bayan saɓani da malaman da suka ƙi bin jihadi. Mutane suka watse, sarautar ta koma Tsafe inda ake da 'Yandoton Tsafe, tsohon wurin ya zama 'Yandoton Daji. Gusau ta Malam Sambo ɗan Ashafa ta ɗaukaka. Amma lissafin bai mutu ba, don a kan mutane yake.

14/ Yau ne yake cikin haɗari. Dattawan da suka haddace shi suna ƙarewa, rashin tsaro ya raba wasu da gonakinsu, mu kuma muna jiran hasashen NiMet a waya. Hasashen yana da kyau, a bi shi. Amma bai hana mu san namu ba.

15/ Aikin gida: ka samu kakanka ko limamin unguwarku, ka tambaye shi taurarin damina da abin da ake yi a kowanne. Ka ɗauki muryarsa, ka rubuta. A garinku yaya ake kiransu? Ku ajiye mana a ƙasa.