Ta'asar 1899 da Babu Hotonta

A watan Yulin 1899 rundunar Voulet da Chanoine ta ratsa ƙasar Tasawa, maƙwabciyarmu, tana ƙone garuruwa. Ran 14 ga watan Voulet ya sa aka harbe Kanar Klobb a Dankori. Ba a yi kwana huɗu ba sojojinsu suka kashe su biyun, kaburburansu na Maijirgi. Babu na'urar sinima da ta ɗauki wannan ta'asa. Da Rob Lemkin ya shirya fim ɗin African Apocalypse na 2020, tsofaffin hotunan taskokin Turai ba su wadatar ba, domin idon mai mulki ne ya ɗauke su. Dole aka zauna gaban dattawan Birnin Ƙonni da sauran garuruwan hanya, suka faɗi abin da kakanninsu suka gani.