Dallol Mauri da Iyakar Dole Kaina

Garin Dole Kaina yana bakin Kwara ta hannun hagu, a Jihar Kebbi, daura da Lolo ta ƙasar Bagudo, kusa da inda Nijeriya da Nijar da Binin suka haɗu. A nan kusa ne wani kwari da ake kira Dallol Mauri yake gangarowa cikin kogin. Kalmar dallol Fillanci ce, ma'anarta kwari. Mauri kuwa sunan da maƙwabta suke kiran Arawa da shi ne, gama kwarin ya ratso ƙasarsu ta Matankari da Dogon Dutse.

Wanda ya je neman rafi mai gudu ba zai same shi ba. Kogi ne na zamanin da, wanda ya ƙafe tun shekaru dubbai, sa'ad da ruwan sama ya ja baya daga Hamada. Abin da ya saura shi ne fadama mai faɗi, da tafkuna jere waɗanda kan haɗu da juna da damina. Amma ruwa yana kusa ƙwarai a ƙarƙashin ƙasa, shi ya sa giginya ta yi kurmi a gindin kwarin, ana kuma noman rake da shinkafa.

Kafin ya kai Kwara, wani kwarin yana shigowa cikinsa, watau Foga, wanda ƙasarsa take da gishiri. Da rani mutane kan kankare ƙasar, su zuba ta cikin kwando, su kwarara ruwa, su dafa abin da ya tsatso har ya daskare. Fataken Hausa masu zuwa Gwanja neman goro sukan bi ta nan su yi lodi. Bayan jihadi kwarin ya shiga hannun Gwandu, amma da Kabawa suka tayar cikin 1849 a ƙarƙashin Yakubu Nabame, Dandawa da Zabarmawa da Arawa suka bi su. Bajamushe Heinrich Barth ya ƙetare Foga cikin 1853, ya tarar da Fulanin wurin a matse saboda wannan yaƙi, duk da haka ba su daina dafa gishiri ba.

Ashe kuwa kwarin mahaɗa ne, ruwansa da gishirinsa suke tara jama'a daga gefe biyu. Turawa suka ɗauke shi mararraba, domin a taswira layi suka gani. Yarjejeniyar da Ingila da Faransa suka ƙulla ran 14 ga Yuni, 1898, ta ce iyaka za ta tashi daga bakin Dallol Mauri, ta bi tsakiyarsa har ta gamu da wata da'ira mai nisan mil 100 daga birnin Sakkwato. Alhali kuwa tsakiyar fadamar da ba ta da magudana ɗaya ba abu ne mai sauƙin nunawa ba. Har wa yau da'irar ta bar Faransawa ba su da hanya mai rijiyoyi daga Kwara zuwa Damagaram. Sai aka sāke shiri cikin 1904 da 1906, sa'an nan Kyaftin Tilho da Manjo O'Shee suka bi ƙasa suna kafa alamu daga 1906 zuwa 1908. Ƙarshenta galibin kwarin, da gishirinsa da giginyarsa, ya faɗa hannun Faransa, Kamba ta zauna wajen Ingila.

Gadon wannan rabo yana nan a Dole, inda iyaka ta raba mutane masu harshe ɗaya da zumunci ɗaya tsakanin ƙasashe biyu. Saboda haka malamin da zai koyar da tarihin Dandi ya kyautu ya fara da kwarin, domin shi ya zaunar da mutanen tun kafin a ja layin.