Yaƙin Bama: Tarihin Da Ya Bi Ta Tashar Jirgin Minna

Duk ranar 15 ga Janairu ana bikin tunawa da 'yan mazan jiya a Najeriya. A ajiye furanni, a saki tantabaru, a busa bigila, kowa ya watse. Amma da za a tambayi matasanmu na Gidan Kwano, har da ɗaliban jami'ar fasaha da muke maƙwabtaka da ita, su wane ne mazan jiyan farko, kaɗan ne za su amsa. Da yawa sun ɗauka Yaƙin Duniya na Biyu, wanda aka yi daga 1939 zuwa 1945, rigimar Turawa ce. Kakanninmu kuwa da suke kiransa Yaƙin Hitila ko Yaƙin Bama sun san har gida ya iske su.

Ƙasarmu ba baƙuwar soja ba ce. Zungeru, nan kusa da mu, ita ce hedikwatar mulkin Turawa a Arewa daga 1902 har aka koma Kaduna, kuma da Hausa ake magana da sojan da Lugga ya kafa. Daga bariki muka samo kalmomi irin su soja, kofur, saje, samanja da fareti. Ga kuma layin dogo: wanda ya taso daga Baro zuwa Kano ya kammala a 1911, kuma a Minna ya haɗu da na Legas. Saboda haka sojan da aka ɗebo daga Kano, Zariya ko Kaduna za a kai shi bakin teku a Legas, ta tashar Minna hanyarsa take.

Fagen farko shi ne Gabashin Afirka. A watan Fabrairun 1941 birged ɗin Najeriya ya shiga Mogadishu, sannan ya fatattaki sojan Italiya har cikin Habasha. Da Japan ta mamaye Bama, ƙasar da yau ake kira Myanmar, sai Ingila ta kafa runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma a 1943, aka zuba su a jirgin ruwa zuwa Indiya. Kusan mutum 90,000 daga Afirka ta Yamma suka yi wannan yaƙi, kuma fiye da rabinsu 'yan Najeriya ne.

Bama ƙasa ce ta kurmi da duwatsu da ruwan sama kamar da bakin ƙwarya. A kwarin Kaladan, inda runduna ta 81 ta fafata a 1944, da ƙyar mota take iya shiga. Abinci da harsashi daga jirgin sama ake jefo su, sauran aiki kuwa a kai ake yi: dubban 'yan dako, da yawansu ba bindiga a hannu, su ne suka ɗauki kayan yaƙi suna hawa tudu suna gangarawa. Bataliya ta 6 da ta 7 da ta 12 ta Najeriya kuma suka shiga cikin dakarun Chindit da aka sauke a bayan abokan gaba. A Janairun 1945 rundunonin biyu suka ƙwace garin Myohaung. Zazzaɓin cizon sauro da atini sun kwantar da mutane ba adadi.

Duk da wannan wahala, hafsoshin Turawa ne. Ɗan ƙasa komai jarumtarsa a samanja yake tsayawa. Kyari Magumeri, mutumin Borno, ya yi yaƙin farko da na biyu, ya sami lambobin yabo, yau ma akwai bariki mai sunansa a Lakwaja, amma a fagen fama samanja ne.

Waɗanda suka rage a gida su ma ba su huta ba. Da Malaya ta faɗa hannun Japan a 1942, Ingila ta rasa babbar hanyar samun kuza, sai ta juyo kan Jos. Aka ɗora wa hukumomin En'e su kawo mutane, hakimi ya matsa wa dagaci, dagaci ya matsa wa mai unguwa. Wannan shi ne diban gwamna. Daga 1942 zuwa 1944 an tilasta wa talakawa kusan 100,000 aikin haƙar kuza, sanyi da yunwa da cuta suka kashe da dama, gonaki suka zauna ba manoma. Gishiri da kananzir suka yi wuya, kaya suka yi tsada. Tsadar nan ce ta haifar da yajin aikin gama-gari na Yunin 1945, wanda ma'aikatan jirgin ƙasa suka ja gaba, aka yi kwana 44 ana yi.

Da aka sallami soja, waɗanda suka dawo sun dawo da ido buɗe. Wasu sun koyi tuƙi, kanikanci, aikin waya da karatun boko. Sun kuma ga Bature yana jin tsoro, yana rauni, yana mutuwa kamar kowa, sun ga Indiya tana neman 'yancinta. Kwarjinin mulkin mallaka bai koma yadda yake ba.

Abin takaici, sunayen wuraren da suka zubar da jini sun fi nasu sunayen daɗewa. Barikin Dodan da na Arakan da na Myohaung a Legas, Dalet da Kalapanzin a Kaduna, Chindit a Zariya, Letmauk a Ibadan, duk daga Yaƙin Bama suka samo suna. Muna faɗin su kullum, ba mu san ma'anarsu ba. A maƙabartar Taukkyan kusa da Yangon an rubuta sunayen sojoji kusan 27,000 da ba a san kabarinsu ba, cikinsu akwai namu.

Mazan jiyan nan kusan duk sun riga mu gidan gaskiya, amma 'ya'yansu na nan da rai, kuma a wasu gidaje akwai lambar yabo ko takardar sallama a ƙasan adaka. Mu tambayi dattawanmu tun suna iya ba da labari. Mu rubuta sunan mutum, garinsu, da inda aka kai shi, mu ɗauki hoton takardun mu turo wannan zaure. Allah Ya jiƙan waɗanda suka kwanta a Bama da ramukan kuza, Ya kyautata namu zuwan.