Ranar da aka rufe bakin ƴan tsana

Ranar 22 ga Yuni 2018 tashar Canal+ ta nuna kashi na ƙarshe na Les Guignols de l'info. Na kalle shi da ƴaƴana, ba wanda ya yi dariya sosai.

Shirin ya fara a 1988. Ƴan tsanan roba ne masu kamannin manyan Faransa, suna ba da labarun ƙarya don faɗin gaskiya. A zaɓen 1995 sun mai da Jacques Chirac abin tausayi da ban dariya, har wasu suka ce farin jinin tsanarsa ya taimaka masa ya ci.

Shekara da shekaru shugabanni suna shan zolaya, shirin bai mutu ba. Sai a 2015 attajiri Vincent Bolloré, wanda kamfaninsa ya shimfiɗa layin dogo daga Yamai zuwa Doso, ya karɓi ragamar tashar. Aka sallami tsoffin marubuta, aka mai da shirin sai mai biyan kuɗi, aka rage masa yaji. Masu kallo suka watse. Ba a kai kowa kaso ba, shirin ya bushe a tsaye.

Mu ma muna da wasan kara a Damagaram, inda samari ke kwaikwayon mahukunta a gabansu. Shi ya sa, malamai da iyaye, in yaro ya kwaikwayi tafiyarku, ku dubi abin da ya gani kafin ku ɗauki bulala.