TARIHI: Janar Seyni Kountché, sojan da ya riƙe Nijar shekara 13

Yau za mu waiwayi rayuwar mutumin da har gobe sunansa ke fitowa a fada da tasha da zaure duk lokacin da aka ce ƙasa ta lalace. Za ka ji matashin da aka haifa bayan rasuwarsa yana cewa da Kountché na nan da ba a yi haka ba. To, shin wane ne shi, kuma me ya aikata?

An haifi Seyni Kountché a 1931 a Fandou, cikin yankin Filinge, a gidan sarautar Zabarmawa. Tun yana yaro aka sa shi lakwal ɗin 'ya'yan soja ta Kati a ƙasar Mali ta yanzu, daga nan ya wuce Saint-Louis ta Senegal. A 1949 ya shiga rundunar sojan Faransa, lokacin Nijar na hannun Turawa. Ya je yaƙin Indosin, ya je na Aljeriya, ya samu galar saje a 1957, sannan aka tura shi Fréjus ya yi horon hafsa. Da aka kafa rundunar sojan Nijar, wato FAN, a 1961, sai ya dawo gida ya shiga cikinta. Ya ƙaro karatun soja a Faransa, ya yi ta hawa har ya zama babban hafsan hafsoshi a 1973.

Wannan lokaci ƙasa na cikin baƙin fari. Tun 1968 damina ke ƙin kyau, bisashe sun mutu, mutanen karkara sun baro garuruwansu sun taru a bakin birane suna jiran taimako. Ana ta ƙorafin cewa cimakar agaji ba ta isa ga talakawa, kuma jam'iyya ɗaya ce tal, PPN-RDA, ba inda za ka kai kuka. Cikin daren 15 ga Afirilu 1974 sojoji suka kifar da gwamnatin Diori Hamani. An zubar da jini a wannan dare, cikin waɗanda suka rasu har da uwargidan shugaban, Hajiya Aïssa Diori. Shi ne juyin mulki na farko a tarihin Nijar. Kountché, yana laftanan-kanal, ya zama shugaban majalisar ƙoli ta soja, CMS. Aka rusa majalisar dokoki, aka jingine tsarin mulki, aka hana siyasa.

Aikin farko da ya sa gaba shi ne rabon hatsi, kuma sojoji da motocinsu ne suka dinga kai shi ƙauyuka. A wannan shekara ya sa sojojin Faransa da ke Yamai suka tattara suka fita. Allah kuma ya sa zuwansa ya dace da tashin farashin uraniyom. Da wannan kuɗi aka shimfiɗa hanyar Tawa zuwa Arlit, aka kafa SONICHAR mai ba arewa wuta da gawayin Anou Araren, aka gina Palais des Congrès da otel Gaweye a Yamai. Tsofaffin ma'aikata har yanzu suna ba da labarin yadda yake faɗo wa sarusi da sassafe ba sanarwa, ya ga wa ya zo, wa ya makara. Wanda ya taɓa kuɗin ƙasa kuwa ya san kaso na jiran shi.

Mu nan kudu, mun ga mulkinsa da idonmu. Jihohi duka hafsoshi ne ke riƙe da su a matsayin perfe. Tandja Mamadou ya riƙe Maraɗi daga 1976 zuwa 1979, ya riƙe Tawa daga 1981 zuwa 1988. An farfaɗo da samariya a kowace unguwa don aikin gayya da wasanni. Manyan tarurrukan da suka tsara makomar karkara ma a garuruwanmu aka yi su: na Damagaram a 1982 kan raya karkara, na Maraɗi a 1984 kan yaƙi da hamada, na Tawa a 1985 kan kiwo. Sai dai daga farkon shekarun 1980 kuɗin uraniyom ya faɗi, bashi ya hau kan ƙasa. A 1984 fari ya dawo, Najeriya kuma ta rufe iyakarta, abin da ya sa mutanenmu suka laƙaba wa wannan yunwa suna El-Buhari.

Amma 'yan uwa, gaskiya ɗaya ce, kuma tana da ɗaci. Wannan tsari da ake yabo, da tsoro aka riƙe shi. Ba jaridar da ke iya sukar gwamnati, ba jam'iyya, 'yan leƙen asiri ko'ina, har mutum ya ji tsoron magana gaban maƙwabcinsa. Diori ya yi shekaru tsare a Damagaram, daga baya aka mai da shi ɗaurin talala a Yamai. Djibo Bakary na Sawaba ya dawo gida bayan juyin mulki, a 1975 aka kama shi. Sani Souna Sido, wanda shi ne na biyu a CMS, an kama shi a 1975 kan zargin shirya juyin mulki, kuma a tsare ya rasu. Bayan yunƙurin watan Maris 1976 an harbe waɗanda aka yanke wa hukuncin kisa, cikinsu har da kwamanda Bayéré Moussa. A Oktoba 1983, Kountché na taro a Faransa, na hannun damansa Amadou Oumarou Bonkano ya gwada kifar da shi, abin bai yi ba, ya tsere. Iyalai da yawa sun san sunan Dao Timmi, can tsakiyar hamada, don an kai nasu can.

A ƙarshen mulkinsa ya fara sassautowa. Ya naɗa farar hula firaminista a 1983, Mamane Oumarou, sannan Hamid Algabid, kuma a watan Yuni 1987 aka yi ƙuri'ar raba gardama kan kundin ƙasa da ake kira Charte nationale. Bai ga ƙarshen wannan aiki ba. Ciwon ƙwaƙwalwa ya ci ƙarfinsa, ya rasu a asibiti a Paris ranar 10 ga Nuwamba 1987, yana da shekara 56. Kanal Ali Saibou ya gaje shi, ya saki fursunonin siyasa. Babban filin wasa na Yamai sunansa yake ɗauke da shi.

Ƙofar da aka buɗe a 1974 an sake bi ta cikinta a 1996 da 1999 da 2010 da 2023, shi ya sa wannan tarihi ya shafe mu duka. Wanda ke kewar Kountché yana da hujja, don ya kare dukiyar ƙasa kuma ya sa ma'aikaci ya ji tsoron cin amana. Wanda aka ɗaure mahaifinsa ba shari'a shi ma yana da tasa hujja. Matasa su san duka biyun kafin su ce a maido zamaninsa.

Dattawanmu da suka ga wannan lokaci, na samariya da tsofaffin sojoji da malaman lakwal, ku ba mu abin da kuka gani, cikin mutunci ba zagi. Allah ya jiƙan magabatanmu, ya ba Nijar zaman lafiya da damina mai albarka.